Guɗar Mama

Ana tsakiyar shirun da makaɗiyar ta shekara tana tsarawa a wasanta, sai mahaifiyarta ta rangaɗa guɗa.

A wani tsohon gareji ne a Alƙahira. 'Yar ta gama kiɗa da murafen tukwane da injin markaɗe, fim ɗinta na wata kujera da babu kowa a kai yana haskawa a bango. Shirun nan shi ne zuciyar wasan. A sahun gaba kuma ga mai shirya wani bikin kiɗa a Berlin, wanda gayyatarsa kaɗai za ta raba ta da koyar da yara piyano.

Ana tashi ta tare uwar.

"Mama, kin kashe ni!"

"Yo na ji kin yi tsit, 'yar nan, na ɗauka Allah ya yaye mana."

Sai ga baƙon nan na Berlin, idonsa cike da ƙwalla. Ya ce bai taɓa jin murya ta tsaga shiru haka ba. Yana gayyatarta, amma su biyu, ita da uwar.

Uwar ta gyara mayafi.

"To, zan je. Amma ki rage hayaniyar nan taki, tana danne min murya."