Baturiyar da Ta Zo Jiratawa

"Ta iso! Wallahi ta iso!"

Matashin daraktan ya yar da wayarsa ya ruga bakin hanya. Tauraruwar fina-finan Faransa, wadda ta shekara sittin gaban kamara, ta amince ta fito a ɗan fim ɗinsa na manoman Jiratawa. Tun kakansa yana saurayi ake kallonta a siliman Maraɗi.

Mata suka bar dashen albasa suna rangaɗa guɗa. Tsohuwar Baturiyar ta fito daga mota tana dogara sanda, kanta fari fat. Daraktan ya buɗe baki zai gaishe ta, jawabin Faransancin da ya haddace ya gudu. Ya tura tafintan da ya ɗauko gaba.

Ta ɗaga hannu ta tsayar da shi.

"Ɗana, mi za mu yi da tafinta? A garin Tsibiri aka yanke mani cibi, lokacin ubana na aikin magani can. Duk tsawon shekarun nan, ba wanda ya taɓa ba ni wasa da harshen da na tashi da shi." Ta share ido tana dariya. "Kunna kamararka. Amma tukuna, a damo mani hura."