Littafin Gyaran Inji

Tun da dokar ta fito, duk wanda ya gama sakandare littafi ɗaya yake zaɓa, kuma da kalmomin cikinsa kaɗai bakinsa zai riƙa magana. Na ɗauki na gyaran inji. Abokina Tasi'u ya ɗauki na waƙoƙi, har na yi masa dariya.

Yau na tarar da shi a ƙofar gidan su Sakina, wadda na riga shi so.

"Idonki fitila ne a gidan da ba kowa," ya ce mata.

Ta yi murmushi, amma ni ta juyo ta kalla. Tawa take jira. Na buɗe baki.

"A duba mai kafin a tayar," na ce.

Sai ta shimfiɗa wa Tasi'u tabarma.