Hoton Elhaji a Gonar Tattasai

Tiren gyaɗar da take talla ne ya fara faɗuwa, sannan Kellu ta bi shi ta zauna daɓas a gindin bangon tashar Diffa.

Hoto ne aka liƙa a bangon, sabo fil. Elhaji Bubakar Liman, mai neman kujerar depite a majalisar dokoki, yana tsaye cikin farar babbar riga a bakin kogin Komadugu, tulin jan tattasai shanye a gabansa. Kusa da shi wani saurayi ya ɗan karkato kafaɗa wajensa, yana dariya har da wushirya. Kashim ne, ɗanta. Tun ranar da aka faɗa wa garinsu Bosso, shekara huɗu da wani abu, ba ta ga gawarsa ba, ba ta kuma ga wanda ya gan shi ba.

Ai kuwa bai rame ba! Kumatunsa ma suna nan yadda ta san su. Ta shafa takardar da tafin hannu tana salati, awaki suna ta cin gyaɗar ba ta ko kore su ba.

Wani mai shayi ya karanta mata rubutun da ke ƙasa: Elhaji yana tare da manoman kogi. Bai ƙarasa ba ta miƙe.

Biron jam'iyya, wato ofishinsu, yana can bayan kasuwa, babur kuma an hana shi tun farkon fitina, don haka da ƙafa ta je. Ta iske wurin kamar gidan biki. Lasifika na ihu, ana rabon atamfa mai kan Elhaji, kowa na tura kowa. Da ƙyar ta kama hannun rigar Grema, mai kula da yaƙin neman zaɓen, mutumin da waya biyu ba ta isarsa.

"Ɗana, hoton nan na tattasai, yaushe aka ɗauka?"

"Satin da ya wuce, Hajja," in ji shi da ƙarfi, don akwai ɗan rediyo a tsaye yana riƙe da makirfo. "Elhaji da kansa ya je bakin ruwa. Inda wasu ke tsoro, nan yake sa ƙafa!"

"Wane ƙauye?"

Waya ta yi ƙara, Grema ya juya baya. Shi ke nan.

Satin da ya wuce! Kellu ta fito waje. Daɗi ya cika ta, haushi kuma ya biyo baya. Ashe ɗan banza yana raye yana noma, ita tana nan cikin rumfar leda tana yi masa sadaka duk Juma'a? Wallahi in ta kama shi sai ta fara marinsa kafin ta rungume shi.

Maƙwabtanta na sansanin 'yan gudun hijira suka ce kada ta je. Bakin ruwan nan, wanda ya shiga ba shi da tabbas. Wata tsohuwa ma ta ce ita rabonta da ganin tattasai mai yawan na hoton tun ana zaman lafiya. Kellu ta ce to ai ga shi Allah ya dawo da albarka. Ta ɗaure zanenta ɗaya da ɗan garin da ya rage, ta nemo direban da ke zuwa Toumour, can wajen kogin. Sunan ƙauyen kawai take nema.

Wurin mai buga hotunan aka tura ta, wani Tanko, a wani ɗan shago mai zafi kamar tanda. Da can yawo yake ƙauye-ƙauye da kyamara lokacin kaka, yana ɗaukar manoma, in ya wanke ya kawo musu a zagaye na gaba. Fitina ta zaunar da shi gaban ordinata, wato kwamfuta, yana goge wa manya ƙuraje da tamoji.

"Ni aiki aka ba ni, Hajja. Ban san ƙauyen ba."

"Kai ka ɗauka?"

Ya hau gyara takardun da ba su bukatar gyara.

"To ba komai," in ji Kellu, ta ɗora ƙunshinta a ka. "Gobe in na sauka Toumour zan bi kogin da ƙafa, gona-gona. Ɗana ne a ciki. In ma mutanen daji ne suka tare ni, sai su gaya mini inda yake."

Tanko ya ɗago ya dube ta. Ya ga tsohuwa busasshiya, haƙora sun zube, ido ya faɗa, kuma ya ga da gaske take. Ya leƙa waje hagu da dama, ya turo ƙyaure.

"Don girman Allah kada Grema ya ji, zai raba ni da abincina. Elhaji bai taɓa zuwa bakin ruwa ba. Daga Yamai aka turo hotonsa, a falonsa aka ɗauka. Suka ce in sa shi cikin manoma. Sai na tono wani tsohon hoto na kakar ƙarshe kafin fitina, wanda ban samu kai wa masu shi ba."

Kellu ta matso kusa da shi. Ƙunshin yana kanta har yanzu.

"Wata baiwar Allah ce a tsaye kusa da yaron," in ji shi yana danna na'urar. "Na goge ta na sa Elhaji a gurbinta. Ban ma san ko tana duniya ba. Ga na asalin."

Hoton ya buɗe. Kogin ne dai, da tattasan, da Kashim yana dariyarsa. Amma wadda ya karkato kafaɗa ya jingina da ita, wata mace ce mai jiki, haƙoranta cif, tana riƙe da faifai, kuma sai da Kellu ta daɗe tana kallonta kafin ta gane ita kanta ce.