Kukan da Aka Ba Rumawa

Da na ji ɗalibai suna rera wasu baitoci, sai na tsaya cak a bayan aji.

Tun bara Baturen makaranta ke zuwa zaurena. Ya karanto tsohuwar waƙar Latin, harshen Rumawa, ya faɗi ma'ana, ni in ɗora ta a karin Hausa. Da muka iso inda uba ke kukan 'yarsa, ya ce Bahaushe bai iya irin wannan ba. Zuciya ta ɗebe ni, na rera masa wadda na yi wa 'yata da kogin Wudil ya ci. Ko uwarta ba ta taɓa jin ta ba.

Ita ce yanzu nake ji a bakin ɗalibai. Na leƙa taga. “Samari, waƙar wa ce wannan?”

“Ta wani mawaƙin Rumawa ce, Baba. Ya mutu tun zamanin jahiliyya.”