Liyafar Salamatou

Sau goma sha ɗaya Salamatou ta sa Mero, maƙwabciyarta a unguwar Diguel, ta maimaita mata wuri ɗaya na wani fim a waya. Kowane karo sai ta tafa hannu ta ƙyalƙyale da dariya.

Fim ɗin kuwa ba na dariya ba ne. 'Yan jarida ne suka haɗa shi kan kisan Shu'aibu, wani ɗan kasuwa da aka tsinci rigarsa jina-jina a bayan garin Zinder, ba a ga gawa ba. Sun karɓo tsohon bidiyon suna a wurin danginsa suka saka: ga marigayi yana rawa, yana dariya har da dukan cinya. Wanda aka ɗaure kan kisan kuma Siradji ne, ƙanen Salamatou. Shekara bakwai yana gidan yari yana rantsuwa, ba mai saurarensa. Kunyar abin ce ma ta koro ta N'Djamena.

"Ke, lafiya?" in ji Mero. "Ƙanenki fa ake zagi a nan."

"Lafiya lau! Ara mini babbar tukunyarki."

Kai, ranar Salamatou sai ka ce amarya! Ta yanka kaji biyu, ta turara ɗaki, tana waƙa tana tuntuɓe da murhu. Ta aika wa Abbas mai kilishi, wanda ya shekara yana cika mata gyara tana share shi, cewa ya zo cin abincin rana, kawunnanta na son ganinsa. Mero ta riƙe baki. Ashe soyayya ce ta juya mata kai.

Abbas ya iso bayan azahar, ya sha shadda, an taje gemu. Kawunnan biyu na zaune ba fara'a, takalmansu a bakin tabarma, baƙaƙe iri ɗaya. Aka gaisa da Larabci, aka sa hannu a tire. Salamatou ta jefo zolaya daga bakin murhu, Abbas ya tuntsire da dariya yana dukan cinya har ya ƙware. Ita kuwa murna kamar ta kashe ta. Ta ce Mero ta ɗauka a waya don tarihi.

Sai ta zagayo ta bayansa da butar shayi, ta yi kira a hankali kamar mai neman gishiri.

"Shu'aibu."

"Na'am," in ji marigayin, bakinsa cike da shinkafa, a gaban kawunnan nan, jandarmomi biyu masu farin kaya.