Wadda Ba Ta Sauko Daga Jirgi Ba

Doka ɗaya Hajiya Zuhura ta kafa a zauren matan Arewa da take kula da shi a Facebook: ba a ba kowa adireshi sai an ji muryarsa. Tana da dalilinta. Sati uku ke nan wata Elisabet na ɓoye a gidan Hajiya a tsibirin Staten Island da karyayyen hannu, mijin da ya karya shi kuwa yana ta cigiyarta a unguwar Bronx. Hajiya ba ta taɓa ganinsa ba, ba ta kuma fata.

Ana nan sai ga saƙon wata Mariya. Shafinta sabo fil, babu hoto sai fure, babu ƙawa ko ɗaya. Hakan bai dami Hajiya ba, don rabin matan da ta taimaka da irin wannan shafin na wucin gadi suka fara zuwa. Mariya ta ce ciki gare ta, maigidan na bin diddigin kiran wayarta, ba halin magana. Hajiya ta tura mata lambar masu agajin mata, ta ce can ya fi tsaro. Mariya ta ce Turancinta bai kai ba.

Tausayi ya ci ƙarfin Hajiya, amma fa ba yau aka haife ta ba. Adireshi dai ba ta bayar ba. Ta ce su haɗu a tashar jirgin ruwa ta St. George ranar Asabar bayan azahar, za ta yafa koren mayafi.

Jirgi huɗu ya sauke mutane, babu Mariya. Doyar da ta sayo a Fordham Road ta ishe ta da nauyi, ga ciwon gwiwa. Ta haƙura ta kama hanya, tana tunanin abin da ya sami yarinyar.

"Sannu Mama, kawo in taya ki," in ji wani mutum mai sanyin murya, cikin Hausa tsantsa.

A garin da ba mai kallon tsohuwa, wa zai ƙi? Har hawa na uku ya kai mata kayan, tana ta sa masa albarka. Ta ƙwanƙwasa, ta ji Elisabet na zare sarƙar ƙofa. Kafin a buɗe, ta ciro waya ta rubuta: "Mariya, na jira ki har na gaji. Lafiya dai?"

Tana aikawa, wayar da ke aljihun mutumin ta yi ƙara.