Tambayoyin Coach Gimba

Ana tsakiyar wasa Coach Gimba ya riƙo hular kwanon Zayd, ya janye shi gefen fili.

"Wane gari muke?"

"Birmingham," in ji Zayd, ransa a ɓace.

Duk yaran team ɗinsu da suka zo daga Manchester sun san tambayoyin nan. Gimba ya daɗe yana buga ƙwallon Amurka a Texas, kansa ya sha karo, shi ya sa duk yaron da ya bugu a ka sai ya gwada hankalinsa. Ka kuskure amsa ɗaya, ka gama wasa ranar. Ga shi yau wata jami'a ta turo masu zaɓen 'yan wasa, Zayd kuwa ya sa rai.

"Da wa muke wasa?"

Zayd ya faɗa.

"Kai fa, ya sunanka?"

"Haba Baba! Ko taɓa ni ba a yi ba, wallahi I'm fine."

Gimba bai sake shi ba. Ya dubi fili, ya dubi ɗansa, ya rage murya.

"Ba gwada ka nake ba, yaro. Don Allah faɗa min."